Sunan da Na Raɗa wa Yarinyar Hoto

Lincoln, 4 ga Yuni

Zuwa ga Yayata Rosalind,

Gaisuwa mai yawa, tare da fatan wannan takarda ta same ki cikin ƙoshin lafiya. Yaya gwiwar? Ina fata maganin da suka sauya miki ya fi na baya. Ki gaida Norman, ki ce masa na ga hoton rumfar da ya kafa a lambu, kuma ban yarda za ta kai hunturu a tsaye ba.

Tunda kunnenki ya ƙi waya, dole na koma biro da takarda. Wataƙila hakan ya fi, don maganar da zan yi ba ta ɗaga murya ba ce.

Kin san aikina. Duk Talata da Asabar in kwashi mutum arba'in a bas, in kai su tsohon gidan attajirai na Marlcote su kalli kujerun da ba a yarda su zauna a kai ba, mu gangara Sallowbridge su ci abincin rana, su shiga jirgin ruwa na minti arba'in, in dawo da su kafin ƙarfe shida. Shekara goma sha tara ke nan ina wannan tun da na ajiye alli.

Akwai wani tsohon hoto a Marlcote, a lungun da ke kaiwa ɗakin wanki. Ma'aikatan gidan ne a shekarar 1911, su ashirin da biyu, sun jeru a kan matakala. An rubuta sunan kowa a ƙasa, ban da wata yarinya a can gefen hagu, 'yar shekara sha biyar ko kusa da haka, ta ɓoye hannu ɗaya a baya. A shekarata ta farko, wata Asabar, aka yini ana ruwa kamar da bakin ƙwarya. Zagaya lambu ya gagara, mutane suka cunkushe a lungun nan suna hamma. Wata mata ta nuna yarinyar ta ce, "Wannan fa, wace ce?"

Ban sani ba. Amma mutumin da ya yi shekara ashirin a gaban allo bakinsa bai saba da wannan kalma ba. Sai na ce sunanta Ada Finch.

Ada, idan kin tuna, kyanwar Gwaggo Hilda ce, mai ido ɗaya. Finch kuwa a jikin motar mai gyaran famfo na hango shi ta taga.

Da abin ya tsaya nan da sauƙi. Amma mutane suka daina hamma, ni kuma na ji daɗi. Mako ya zagayo na ƙara cewa ta kamu da son ɗan mai fito na Sallowbridge. Wani makon na ce an kama wasiƙarsa a ƙarƙashin matashinta aka kore ta, ta taka mil tara da akwatinta a kafaɗa. Daga baya uban yaron ya ƙi ta, ita kuma ta ƙi komawa, ta fara gasa burodi mai zabibi a gindin gada har garin duka ya san ta. An ce ƙarya fure take yi, ba ta 'ya'ya. Tawa ta yi 'ya'ya har da jikoki. Yanzu akwai shagon shayi a gindin gadar mai sunan Ada. Ma'aikatan gidan suna ba da labarin ko ba na nan. Ya shiga ɗan littafin da ake sayarwa a bakin ƙofa, shafi na sha huɗu.

Makon jiya ofishin kamfaninmu suka turo mini wasiƙar wata Gillian Tasker daga Grimsby. Mahaifiyarta, Misis Doreen Tasker, za ta cika tamanin ranar Asabar. Kakar tsohuwar sunanta Ada Finch, haka yake a takardar aurenta. Ta bayyana a Grimsby wajen 1914, ba wanda ya san daga ina ta fito, ba ta taɓa faɗa ba, ba ta kuma taɓa yarda an ɗauke ta hoto ba. Wata maƙwabciyarsu ce ta bi bas ɗina a bara, ta koma ta ba su labari. Gillian da tsohuwar sun kama kujera biyu a gaba a tafiyar Asabar ɗin nan.

Ba shawara nake nema ba, na san abin da za ki ce. So nake dai wani ya sani kafin Asabar.

Ki huta lafiya.

Ƙanenki,
Clive


Lincoln, 9 ga Yuni

Yaya Rosalind,

Bayan gaisuwa da tambayar lafiyarki da ta Norman, ina fata ruwan da aka yi ta yi a wajenku bai shigar muku kicin ba kamar bara. Amsarki ba ta iso ba tukuna, kuma ba na ganin laifin gidan waya. Ga yadda jiya ta kasance, zan faɗa a jere.

Na isa tasha bakwai da rabi. Bev ce direba, kin taɓa ganin ta, mai jan gashin nan da ke tauna alewa kamar tana fushi da ita. Tana ganina ta ce, "Ticha, lafiya? Ka yi kamar wanda ya haɗiyi ƙuda."

Na gaya mata komai, a tsaye, tana goge madubi. Ta yi dariya har ta dafa taya. Da ta gama ta ce, "Shekara shida ina kai wa surukata burodin kyanwa ke nan! To ka ji, ka kama bakinka. Tsohuwa ce, rana ɗaya ce. Ka bar ta ta tafi gida da kakarta."

Na ce haka ni ma na yanke.

Takwas saura Gillian da mahaifiyarta suka iso. Misis Tasker 'yar ƙarama ce, da shuɗin kwat da sanda, an gyara mata gashi. Ta miƙo mini hannu ta ce, "Kai ne Mista Ottaway? Na ɗauka za ka fi haka tsawo." Gillian ta zaunar da ita, sannan ta ja ni gefe ta ce tun da mahaifinta ya rasu shekara biyu da suka wuce tsohuwar ba ta taka ƙofar gida ba, ko coci. Wannan tafiya ce ta fito da ita.

Mutum arba'in da ɗaya, muka tashi a kan lokaci. Na yi surutun hanya yadda na saba: ga hasumiyar coci a dama, ga gonar da aka tono tukunyar tsoffin kuɗi, ga inda za mu tsaya idan wani ya matsu. Bakina ya san hanyar ko ba ni.

Abin da ban sani ba, Gillian ta rubuta wa gidan ma. Imogen, manajar Marlcote, tana jiran mu a bakin matakala da furanni a hannu. Ta rungume tsohuwar ta ce, "Barka da dawowa gida." Mutanen bas suka fara tambayar juna, kafin mu shiga zaure kowa ya ji cewa jikar Ada tana cikinmu. Na zagaya da su ɗakin cin abinci, da ɗakin karatu, da gadon da aka ce an shimfiɗa wa wani sarki bai zo ba. Ba wanda ya kalli komai. Kowa lungun wanki yake jira.

Aka buɗa mata hanya. Ta tsaya a gaban hoton, ta cire tabarau ta sa wani, ta matsa har numfashinta ya taɓa gilashin. Ta daɗe. Sannan ta ce, "Gillian, zo ki ga haɓar nan. Haɓarmu ce. Ta Mama ce sak."

Gillian ta fashe da kuka, ta ɗaga waya tana ɗauka. Na kalli haɓar. Haɓa ce dai irin ta kowa.

Imogen ta ce, "Clive, ba mu labarin mana. Kai ka fi kowa iya shi."

Na ba da shi, Yaya. Ba zan ɓoye miki ba, ban taɓa ba da shi da kyau kamar jiya ba. Na sa sanyin asuba a hanyar mil taran, na sa igiyar akwatin tana cin kafaɗarta. Wata mata a baya tana share ido. Da na gama aka tafa. Imogen ta sanar cewa a watan Agusta za su kafa allon tunawa da Ada a wurin, Misis Tasker ce za ta yaye masa ƙyalle, jaridar gari ma za ta zo.

Muna fita tsohuwar ta kama hannun rigata ta ce, "A ina ka tono duk wannan?"

Na ce dogon labari ne.

Ta ce, "Ina da lokaci a bakin kogi."

Sha biyu da rabi muka isa Sallowbridge. Rana ta fito, gari ya cika da masu yawo da karnuka. Na ba su awa biyu, na nuna musu inda jirgin zai tashi, na maimaita lokacin sau uku don kullum sai an sami wanda bai ji ba. Rabinsu suka yi shagon Ada. Gillian ta shiga layi, ta bar uwarta a kan benci kusa da inda ake ɗaure kwale-kwale. Ni na nufi wajen Bev in ci abin da na ƙunso. Sai na ji sanda tana buga ƙarfen benci.

"Mista Ottaway! Zo ka zauna. Ba na cizo, haƙoran ma ba nawa ba ne."

Na zauna. Ta kalli agwagi. Sannan ta ce, "Ɗan mai fiton nan, yaya sunansa?"

Na ce me ya sa take tambaya.

Ta ce, "An haifi mahaifiyata wata biyar bayan auren kakata. Kowa ya iya lissafi, ba wanda ya taɓa yi da ƙarfi. Kuma mutumin da muke kira Kaka bai taɓa kallon Mama kamar 'yarsa ba. Tun da na ji labarinka nake tunani, ko yaron nan ne. Cocin can da ke bayan gada yana da maƙabarta. Idan ka ba ni sunan, Gillian za ta riƙe ni mu duba kafin jirgi. Ba wani abu zan yi ba. In ga dutsen kawai."

Sunan yana bakina, ki yarda. Akwai allon wani kanti a tsallaken titi, har idona ya kai kansa. Da na faɗa, da ta yi awa guda tana bin kaburbura da sanda tana neman mutumin da ba a taɓa haifa ba. Ko kuma, wanda ya fi muni, ta sami wani mai irin sunan.

Na ce, "Misis Tasker, ba shi da suna. Babu shi. Ni na ƙirƙiro shi. Ita ma Ada ni na ƙirƙiro ta. Yarinyar hoton ban san ko wace ce ba."

Na gaya mata ranar ruwan, da matar da ta yi tambaya, da motar mai gyaran famfo, da kyanwar Gwaggo. Ban yi ado ba, na rasa abin yin adon ma. Ba ta katse ni ba.

Da na gama ta ce, "Kyanwa."

Na ce, "Kyanwa."

"Wace kala?"

"Baƙa. Ido ɗaya."

Ta gyaɗa kai kamar wannan ya yi daidai da wani abu. Ta ce, "Shekarunka nawa?"

"Sittin da uku."

"Ka yi girma da wannan wasa." Ta gyara jakarta a cinya. "Ɗazu a can ka san haka, ka tsaya kana kallona ina neman haɓa?"

Na ce na sani.

Ta ce, "Tashi ka ba ni wuri. Kada ka ce wa Gillian komai, ni zan gaya mata."

Na tashi. Gillian ta dawo da burodi shida a jakar takarda, da kofin shayi biyu. Daga nesa na ga tsohuwar ta karɓi ɗaya, ta gutsura, ta tauna, ta ci gaba da ci har ta cinye. Ba ta ce mata komai ba a lokacin.

Bev ta kalle ni ta ce, "Ka faɗa, ko? Kai dai, Ticha, ƙaryar ma ba ka iya ta har ƙarshe ba."

Jirgin ya tashi uku saura kwata. Muka bi ta ƙarƙashin gada, muka wuce tsohon injin niƙa, muka juyo a wajen tsibirin. A daidai gindin gadar nakan nuna inda Ada ta kafa teburinta. Jiya na yi maganar tsawon gadar da shekarar da aka gina ta. Wani ya tambaya ina wurin teburin, na yi kamar ƙarar injin ta hana ni ji. Misis Tasker ta zauna a can baya, tana kallon kumfar da jirgin ke bari.

Huɗu da kwata muka kama hanyar gida. Galibi a wannan lokaci kowa barci yake yi. Mun yi kamar mil goma sai Misis Tasker ta ce, "Miƙo mini abin maganar nan."

Na kalli Bev. Bev ta ce, "Ba ta mana, ranar haihuwarta ce."

Ta riƙe shi kusa da baki sosai, muryarta ta cika bas. Zan rubuta miki yadda na iya tunawa.

"Ku farka, ba zan daɗe ba. Kun tafa mini ɗazu, to ina so ku san abin da kuka tafa wa. Yarinyar hoton can ba kakata ba ce. Mutumin nan ne ya ƙaga labarin wata rana da ake ruwa, ya gaya mini da bakinsa. Gillian, rufe baki, za ki yi magana a gida.

"Kakata Ada Finch ba ta taɓa gasa burodi ba. Ko ruwan zafi ta dafa sai ya yi ɗaci. Kifi take feɗewa a bakin tashar jiragen ruwa ta Grimsby, shekara arba'in da ɗaya. Gishiri ya tsattsage mata hannu, idan ta taɓa ka kamar an goga maka dutse. Ban taɓa jin ta ce tana son wani ba, mutum ko dabba. Ta taɓa kulle ni a rumbun gawayi yini guda don na zubar da madara. Ranar da aka zo aka ce jirgin babana bai dawo ba, ina da shekara tara, ta ajiye mini kwano ta ce, 'Ci.' Ta'aziyyar ke nan.

"Da aka ce mini ga wata Ada mai soyayya, mai burodi, wadda gari ke ƙauna, sai na ce ashe haka take kafin duniya ta taɓa ta. Na zo in yi musanya ne, in ba da tawa in karɓi tasa. To ba a yi cinikin ba. Da tawa zan koma. Shi ke nan, ku koma barcinku."

Ta miƙo mini abin. Na mayar da shi wurinsa. Can wani mutum daga kujerar ƙarshe ya ce, "To burodin da muka ci fa?"

Bev ta ce, "Wannan ya wuce, maigida. Sai dai ka jira shi gobe da safe."

Wasu suka yi dariya, ba da yawa ba. Misis Tasker ba ta yi ba.

A tasha na tsaya a ƙofa ina sallamar kowa yadda aka saba. Wasu suka kauce wa idona, wata ta matse mini hannu ban san dalili ba, mutum biyu suka ce za su rubuta wa ofis. Gillian ta sauko da uwarta a hankali, ta kai ta mota, sannan ta dawo ita kaɗai.

Ta ce, "Sati shida tana koyon tafiya a tsakar ɗaki saboda yau. Daga kujera zuwa ƙofa, daga ƙofa zuwa kujera, tana ƙirgawa. Ka san haka?"

Na ce ban sani ba.

Ta ce, "Da ka yi shiru mana. Ko kuwa da ka faɗa tun kafin mu baro gida. Ka zaɓi wanda ya fi kowanne ciwo."

Gaskiya ta faɗa. Na taya Bev kwashe shara daga ƙarƙashin kujeru, muka tsinci laima biyu da tabarau ɗaya. Na dawo gida na dafa ƙwai.

Ki kula da gwiwar nan, kada ki biye wa Norman da hawan tudu.

Naki,
Clive


Lincoln, 26 ga Yuli

Yaya Rosalind,

Ina gaishe ki da kyau, ina kuma fatan zafin nan bai hana ki barci ba. Na ji daɗin jin cewa an sa miki ranar ganin likitan kunne. Ki gaida Norman, ki ce na janye maganata a kan rumfar, zuwa yanzu.

Wasiƙunki biyu sun iso. Kin ce tun ina shekara shida nake haka, tun ranar da na gaya wa malamarmu cewa Baba matuƙin jirgin sama ne. Ban musa ba. Kin kuma tambayi abin da ya biyo baya, ga shi.

Na rubuta wa Imogen komai a takarda. Ta kira ni ofishinta, ta ba ni shayi, ta ce abin takaici ne. An fasa allon. Amma shafi na sha huɗu yana nan, sun ƙara "ana cewa" a farkonsa. Ta ce mutane suna son labarin, kuma yanzu ya zama na gari, ba nawa ba. Da aka gaya wa mai shagon shayi, cewa ya yi bai taɓa ɗauka gaskiya ce ba, ya ci gaba da gashinsa. Wato kowa yana da izinin ba da labarin Ada yanzu, ban da ni.

Ofis sun sami wasiƙu uku. Sun ce in kai Asabar ɗin ƙarshen Yuli, daga nan za su gwada wani. Gobe Asabar ce tafiyata ta ƙarshe. Bev ta ce za ta kawo kek, na roƙe ta kada ta rubuta komai a kai.

Na je ɗakin ajiyar tsoffin takardu na gunduma na duba ƙidayar jama'a ta 1911. Akwai 'yan mata uku a Marlcote masu shekarun yarinyar hoton, biyu an riga an rubuta su a ƙasansa. Ta ukun an sa mata harafi ɗaya ne da wani suna da tawada ta cinye. Na yini a kai da gilashin ƙara girma, ban fitar da komai ba. Na bar shi haka.

Sati uku da suka wuce kati ya zo daga Grimsby. Layi biyu: "Alhamis, ƙarfe goma. Ka zo da biro." Na ɗauka lauya zan tarar.

Ita kaɗai na tarar a kujerarta, Gillian tana kicin tana buga tukwane don in san tana nan. Tsohuwar ta ce, "Ka iya rubutu, an ce. Ni hannuna rawa yake yi. Zan faɗi abin da na tuna game da kakata, ka rubuta. Abin da na faɗa kawai. Idan ka ƙara ko gishiri ne, ƙofa tana nan inda ka bar ta."

Na ce na ji.

Ta ce, "Ba yafe maka na yi ba, kada ka ruɗe. Aiki ne da kai, kuma na ga ba ka da wani."

Alhamis uku ke nan ina zuwa. Tana magana, ina rubutawa, in koma gida in gyara, in dawo in karanta mata. Abin da take tunawa ba shi da yawa, kuma ba ya jeruwa. Wuƙar kakar mai ƙotar ƙashi. Yadda take naɗe yatsunta da tsumma kafin ta fita. Wata rana da ta mari wani ɗan sanda da kifi, ba a san dalili ba. Na tambayi dalilin, ta ce, "Na ce maka ba a sani ba." Na sa hannu a aljihu don kada ya rubuta.

Jiya na karanta mata shafin ranar da jirgin babanta ya ɓata. Na yi iyakar ƙoƙarina in tsaya a kan maganarta, amma wani abu ya zame mini. Na rubuta cewa da labarin ya iso tashar, Ada ta tsaya shiru tana kallon teku.

Ta buga sanda a ƙasa. "Wa ya ce maka ta kalla?"

Na ce na ɗauka ne kawai.

"Baya ta ba shi. Teburinta bango yake fuskanta. An gaya mata, ta ce ta ji, ta ƙarasa kwandonta. Soke."

Na soke. Ta sa na soke "cikin baƙin ciki", ta sa na soke "a hankali", ta sa na soke jimlar da na fi so, wadda tsuntsayen teku ke ciki. Shafi guda ya koma layi biyar: an gaya mata, ta ƙarasa kwando, ta wanke wuƙa, ta taho gida ta hanyar da ba ta saba bi ba, wadda ta fi tsawo, ta ajiye wa yarinya kwano ta ce ci.

Ta ce in sake karantawa. Na karanta. Ta ce in tsaya a wajen hanyar. Sannan ta tambaya ko ita ce ta faɗi wannan ko ni na ƙara. Na nuna mata takardar makon jiya, ga shi da bakinta. Maƙwabta ne suka ga kakar ta zagaya ta bayan masana'antar ƙanƙara, tafiyar minti goma ta ɗauke ta awa guda.

Ta ce, "Shekara saba'in da ɗaya ina da wannan a kaina. Ban taɓa tambayar kaina me ta tsaya yi a hanya ba."

Na buɗe baki. Ta ɗaga yatsa ba tare da ta kalle ni ba.

"Kada ka kuskura," in ji ta.

Na rufe. Ta karɓi takardar, ta ɗora a cinya, ta dafe ta da hannu biyu. Muka zauna haka har agogon ɗakin ya buga sha biyu. Sannan ta ce in tafi kada bas ya bar ni, in kuma zo da wani biron mako mai zuwa, wannan yana zubar da tawada.

Zan zo muku a tsakiyar Agusta idan ɗakin baya yana nan, amma sai dai daga Juma'a zuwa Laraba. Ki gaya wa Norman kada ya wahalar da kansa da zuwa tasha, na san hanya.

Allah ya ƙara miki lafiya.

Ƙanenki,
Clive